Wanda Kotu Ta Wanke A Shari'ar Kisan Kai, Ana Iya Sake Gurfanar Da Shi?

A ƙasar Magariya da Dungas, lokacin kaka ne rigima kan tashi tsakanin manoma da makiyaya, wani sa'i har a rasa rai. Jandarmomi su kama wanda ake tuhuma, a yi bincike, daga bisani a kai maganar babbar kotun Damagaram, domin ƙaramar kotun Magariya ba ta yanke hukuncin kisan kai. To, idan alƙalai suka ce hujja ba ta isa ba, suka sallami mutumin, ya koma gida dangin mamaci suna ganinsa ran kasuwa, shari'a ta ƙare ke nan?

Shekaru da dama amsar ita ce ta ƙare. Dokar tsarin shari'ar laifuffuka ta ran 14 ga watan Agusta 1961, wadda Nijar ta ɗora bisa tafarkin dokar Faransa, ta danƙa manyan laifuffuka ga wata kotu ta musamman, inda alƙalai ke zama tare da ƴan ƙasa waɗanda ƙuri'a ta faɗa kansu. Abin da zuciyarsu ta natsu da shi, shi suke yankewa. Ana ɗaukar hukuncinsu tamkar bakin jama'a, saboda haka babu wata kotu da ke sake sauraron shaidu. Hanya ɗaya ta rage, a kai kuka kotun ƙoli ta Yamai. Ita kuwa ba ta tambayar wa ya yi kisa, ƙa'ida kaɗai take dubawa. Ko da ta gano kuskure cikin hukuncin sallama, takan gyara shi ne domin amfanin doka, kada wasu alƙalai su maimaita gobe. Wanda aka wanke ba ya komawa kaso.

Wannan tsari yana da dalilinsa. Hukuma tana da jandarma, da kuɗi, da lokaci, talaka kuwa ba shi da ko ɗaya. In aka bar ta tana maimaita ƙara har ran da ta dace da alƙalin da zai biya mata bukata, babu wanda zai yi barci da minshari. Sai dai alƙali mutum ne, yakan yi kuskure. Shaidu kan ji tsoro su haɗiye magana, wasu ma su ƙetare iyaka kafin ranar zama.

Faransa da kanta ta sauya. A 2000 ta ba wanda aka ɗaure damar ɗaukaka ƙara, a 2002 ta ba babban mai gabatar da ƙara na gwamnati ikon ƙalubalantar hukuncin sallama. Nijar ma, bayan gyaran tsarin kotuna da aka soma a 2018, ta maye gurbin tsohuwar kotun da sassan manyan laifuffuka cikin manyan kotuna, kuma ana iya kai hukuncinsu gaban kotun ɗaukaka ƙara. Ga mutanen Magariya da Dungas, wannan kotu tana Damagaram.

Amma ƙofar ba ta buɗe ga kowa ba, kuma nan ne mutane da yawa ke ruɗewa. Neman a hukunta mai laifi aikin mai gabatar da ƙara ne, da sunan al'umma. Dangin mamaci, ko da sun shiga shari'ar, haƙƙinsu na ɗaukaka ƙara bai wuce batun diyya ba. Akwai kuma wa'adi na ƴan kwanaki. In ya cika ba a motsa ba, hukunci ya tabbata, ba a sake tuhumar mutumin kan wannan aiki ko da an sauya wa laifin suna.

A ƙetaren iyaka, wajen Babura, doka ta bi tafarkin Ingila. Sashe na 36 na tsarin mulkin Nijeriya na 1999 ya hana sake gurfanar da wanda aka wanke, sai da umurnin kotun da ke sama. Alƙalan sama kuwa ba su saurin taɓa hukuncin wanda ya ga shaidu ido da ido, ya ji rawar muryarsu. Sukan rushe shi ne idan an karkatar da doka, ko idan hukuncin ya saɓa wa hujja ƙarara.

Shari'ar Manjo Hamza Al-Mustapha, mutumin Nguru, ta nuna tsawon wannan hanya. An harbe Kudirat Abiola a Legas ran 4 ga watan Yuni 1996. A watan Janairu 2012 babbar kotun Legas ta yanke wa Al-Mustapha hukuncin kisa. A watan Yuli 2013 kotun ɗaukaka ƙara ta wanke shi, ta ce shaidar da aka kawo ba abin dogara ba ce, ya fita bayan kusan shekara 15 a tsare. Gwamnatin Legas ba ta haƙura ba, har a watan Janairu 2017 kotun ƙoli ta ba ta izinin ƙalubalantar sallamar, fiye da shekara 20 bayan kisan.