Muryar da ke kiran Elsa cikin dare

Idan 'yarki ta kalli Frozen 2, fim ɗin Disney na 2019, to kin san muryar nan da Elsa kaɗai ke ji. Daren da ta amsa kiran, ƙanƙara mai ƙyalli kamar lu'ulu'u ta cika sararin Arendelle, fitilun gari suka mutu, jama'a suka tsere. Sai can arewa, a Ahtohallan, ta gano ashe mahaifiyarta marigayiya ce ke kiranta.

Wata mawaƙiyar Norway mai suna Aurora ce ta rera muryar, da salon kiran da mata makiyayan yankin ke yi wa shanu. Ki faɗa wa yarinyar haka, tsoron zai ragu.

'Yar shekara huɗu ba ta gama bambance tatsuniya da gaskiya ba. In ta ce ita ma ana kiranta, kada ki yi mata tsawa. Amma fa ki taɓa goshinta. Idan jikin da zafi, tana sambatu ko tana ganin hasken da ba ki gani, wannan ba na fim ba ne. Maleriya kan taɓa ƙwaƙwalwa. Ku wuce asibiti a daren, kada ki jira gari ya waye.