Lokeshan: Kalma da Wurin da Take Nufi

A ƙasar Maroko akwai wani tsohon gari na ginin ƙasa, Ait Benhaddou, inda aka ɗauki sashen Gladiator, fim ɗin 2000. Baƙi kan zo, ɗan jagora na gaba yana nuna musu inda wane ya tsaya. Wannan ba ziyara ba ce, gama ziyarar Bahaushe ga ɗan'uwa take, ko kushewar waliyyi. Yawon buɗe ido ne, ko da yake idon ya riga ya ga abin a majigi.

Me ya hana wannan sana'a kafuwa a Kano, alhali tun Turmin Danya, a 1990, ake ta fim? A ganina amsar tana cikin kalmar da 'yan fim suka aro, watau lokeshan. In sun ce wane ya tafi lokeshan, aikin suke nufi fiye da wurin, domin galibi gidan wani aka ara, a gama a watse. Ƙauyen fim da Gwamnatin Tarayya ta yi niyyar ginawa a Kofa kuwa, an fasa shi a 2016 bayan sukar malamai. Ɗalibin da ya taso daga Kanya Babba don ganin lokeshan, ƙofar gidan mutane zai tarar, sai ya yi sallama.