Badalar Kano: wa ya sa hannu?

Duk wanda ya taso daga rukunin masana'antu na Sharaɗa ya faɗo titin BUK, ya miƙe daga Ƙofar Ɗan'agundi zuwa Gadon Ƙaya, zai sha neman badala da ido. Shaguna zai gani, da wuraren sayar da motoci, da katangun bulo. Sai ya leƙa ta bayansu kafin ya hango ɗan tudun jar ƙasa da damina ke ci kowace shekara.

Wannan tudun shi ne ganuwar da Sarki Gijimasu, wanda ya yi mulki daga 1095 zuwa 1134, ya aza wa harsashi, Muhammadu Rumfa kuma ya faɗaɗa a ƙarni na 15. A 1959 aka ayyana ta cikin kayan tarihin ƙasa, wato taɓa ta laifi ne a doka. A 2007 Nijeriya ta miƙa sunanta ga UNESCO, tare da Dutsen Dala da Kasuwar Kurmi da Gidan Rumfa, aka sa su a jerin masu jiran tantancewa. Har yau suna layi.

Abin da ake yawan mantawa shi ne, badala ba ita kaɗai take ba. Ƙasar da aka gina ta, da wadda aka gina gidajen cikin birni, a nan kusa aka haƙo ta. Ramukan da aka bari su ne kududdufai, kuma su ke shanye ruwan sama idan Agusta ta kankama. Yanzu kuwa sai a yi ta jibga wa kududdufi shara har ya cike, a zuba ƙasa a kai, a yanka fuloti. Ruwa dai ba ya karanta takardar fili. Idan ya zo ya tarar an gine masa wuri, sai ya bi lungu ya shiga ɗakin tsohuwar da ba ta san hawa ba balle sauka. 

Ka tambayi mai shago a jikin badala, da wuya ya ce maka mamayewa ya yi. Takarda zai zaro, da tambari da sa hannu. A nan gizo ke saƙar. Hukumar gidajen tarihi ta tarayya ce ke da alhakin kare ganuwar, amma ƙasa a hannun gwamna take tun dokar filaye ta 1978, izinin gini kuma daga hukumar tsara birane ta jiha, KNUPDA, yake fitowa. Mai gadi daban, mai maƙulli daban. A tsakaninsu dillalai suke kiwo, da jami'in da na goro ke sa shi daina gani. Ita ma gwamnati hannunta bai fita ba: a 2010 aka rushe tsohuwar Ƙofar Na'isa don faɗaɗa titi, aka maye gurbinta da sabuwa.

A watan Yunin 2023 Gwamna Abba Kabir Yusuf ya ƙaddamar da rusau, yana zargin gwamnatin Abdullahi Umar Ganduje da cefanar da filayen jama'a. Aka shafa wa gine-ginen titin BUK jan fenti, aka kuma ce da ɓaraguzan za a gyara badala. Raina bai kwanta da wannan ba, don ganuwar ƙasa magina take so, masu sanin tubali da yaɓe, ba tifar fasasshen kankare ba.

'Yan kasuwar Filin Idi da aka rushe wa shaguna suka garzaya kotu riƙe da takardunsu. A watan Satumba Babbar Kotun Tarayya ta ce a biya su naira biliyan 30, daga baya aka sasanta a kan biliyan 3. Daga baitulmalin jiha, wato aljihun tsohuwar nan da ruwa ya ci wa ɗaki.