Cinikin biri a sama: Darasin da na koya daga na'urar wasan yarona

A ƙarshen zangon karatun da ya gabata na cika wa ɗana na biyu wani alkawari da na daɗe ina ja masa rai a kai. Tun yana aji ɗaya na babbar sakandare na ce masa idan ya fito da sakamako mai kyau zan saya masa na'urar wasan bidiyo irin ta gida, wadda yara ke kira gem, domin ya daina zaryar shagunan da ake biyan kuɗi a buga. Yaro ya yi nasa, ni ma sai na yi nawa. Na shiga kasuwa na sayo na'urar, na haɗo da faifan wasa guda sabo fil a ledarsa, na dawo gida da yammacin wata Juma'a ina tsammanin kafin isha'i falo zai kaure da ihun yara. Ashe ba nan gizo ke saƙa ba.

Muka jona wayoyi, muka zura faifai, sai wani siririn layi ya bayyana a fuskar talabijin yana rarrafe kamar hawainiya, wai na'urar tana kwafe wasan zuwa cikinta. Bayan kusan awa guda ta gama, sai kuma ta ce ba za a buga ba sai an sauko da ƙarin kaya daga intanet, gigabayit 40 da 'yan kai. Na dubi yaron na ce, "Kai, ba faifan muka sayo ba?" Ya yi murmushi irin na wanda ya ga ƙauyanci ya ce, "Abba, ai yanzu faifai mukulli ne kawai, sauran kayan suna sama." A wannan dare aka ɗauke wuta aikin bai kai rabi ba. Washegari na tayar da janareto, sai data ta ƙare. Na sake saye, sai sabis ya yi ƙasa. Ba a buga wasan nan ba sai ranar Litinin, kuma da na zauna na yi lissafin man fetur da data, sai na ga na kusa sake sayen faifan a karo na biyu.

Mai karatu zai iya cewa wannan ai matsalar masu ƙoshi ce, a ƙasar da mutane ke fama da abin sawa a baki. Ban musa ba. Amma na zaɓi in yi tsokaci a kai ne saboda abin da ya faru a falona ƙaramin hoto ne na yadda duniyar fasaha ke tafiya, da kuma inda take barin irinmu.

Waɗanda suka yi ƙuruciya a shekarun 1980 da 1990 za su tuna da kaset ɗin da ake cusawa a na'ura, a hura masa iska idan ya ƙi, nan take wasa ya tashi. Shahararren wasan nan na Super Mario Bros. da kamfanin Nintendo na Japan ya fitar a 1985, dukkansa kilobayit 40 ne, wato bai kai nauyin hoto ɗaya da ake turawa ta waya a yau ba. Da PlayStation 2 ta fito a shekarar 2000, wasanninta na zuwa ne a faifan DVD mai ɗaukar gigabayit 4.7, kuma daga faifan kai tsaye na'urar ke karantawa. Abin da mutum ke buƙata kawai shi ne ɗan katin ajiya mai megabayit 8 domin adana inda ya tsaya. Wannan na'ura ce ta cika shagunan gem a Kano da Kaduna da Jos, domin ba ta neman komai a wurin mai ita sai wuta.

Kiɗa ya fara canzawa ne da zuwan PlayStation 3 a 2006, wadda ta zo da faifan Blu-ray da kuma rumbun ajiya a cikinta. Wasu wasannin suka fara tilasta a kwafe wani sashe nasu zuwa rumbu kafin a buga. Da aka kai 2013, lokacin da PlayStation 4 da Xbox One suka fito, sai abin ya zama doka ga kowane wasa.

Dalilin haka ba mugunta ba ce, gudu ne. Na'urar karanta faifai ta PlayStation 4 ba ta kaiwa megabayit 30 a daƙiƙa guda, alhali rumbun SSD da ke cikin PlayStation 5, wadda ta fito a 2020, yana iya miƙo gigabayit 5.5 a daƙiƙa. Wasan zamani kuwa, da birane da dazuzzuka da fuskokin mutane a cikinsa, yana buƙatar a riƙa miƙo masa kaya a kowane ƙiftawar ido. Misalinsa kamar matar da ke girkin biki ce: ba zai yiwu duk lokacin da take son gishiri ko daddawa sai an aika kasuwa ba, dole a jibge mata kayan a madafi tun kafin ta ɗora tukunya. Faifai ya koma motar da ta kawo kaya, rumbu shi ne madafin.

Daga nan sai wasannin suka yi ta ƙiba. Zane mai kaifin 4K, da muryoyin 'yan wasa cikin harsuna da dama, da fina-finan da ake sakawa a tsakani, duk suna cin wuri. Injiniyan da ya jagoranci tsara PlayStation 5, Mark Cerny, ya taɓa bayyana cewa a tsohon rumbu mai juyawa, masu haɗa wasa kan maimaita abu guda a wurare da yawa don na'urar ta same shi da sauri, har ya ba da misali da wasan Spider-Man inda aka maimaita wasu bayanai sau 400. Red Dead Redemption 2 na 2018 ya zo ne a faifai biyu, yana neman wurin kusan gigabayit 100. A 2020, Call of Duty: Modern Warfare haɗe da Warzone ya haura gigabayit 200 a kwamfuta. Ita kuwa PlayStation 5 ta farko, an rubuta mata gigabayit 825, amma abin da mai ita ke iya amfani da shi kusan 667 ne. Wasanni shida ko bakwai masu nauyi sun cika ta, sai a fara goge wannan don a saka wancan.

Sai kuma batun faci. A da, idan kamfani ya buga faifai ya fitar, to ya fita ke nan, saboda haka dole ya tabbatar aikinsa ya nuna. Yanzu da kowace na'ura ke haɗe da intanet, sai kamfanoni suka samu ƙofar sakin wasa da ɗanyensa, su biyo shi da gyara tun ranar farko. A 2015 wasan Tony Hawk's Pro Skater 5 ya zo da facin da ya fi wasan kansa girma. A Disambar 2020 Cyberpunk 2077 ya fito da kurakuran da suka sa kamfanin Sony ya cire shi daga shagonsa na intanet, bai mayar da shi ba sai Yunin 2021. Wanda ya fi ɗaure mini kai shi ne faifan Call of Duty: Modern Warfare II na 2022, wanda aka gano abin da ke cikinsa megabayit 70 ne da 'yan kai, sauran duk sai an sauko da shi. Idan wannan ba cinikin biri a sama ba ne, to ban san sunansa ba.

Bari mu yi ɗan lissafi da alƙaluman gwamnatinmu. Tsarin faɗaɗa intanet na ƙasa na 2020 zuwa 2025 ya sa burin samar da gudun megabit 25 a daƙiƙa a birane da megabit 10 a karkara, a farashin da bai wuce Naira 390 ba kan kowane gigabayit. A lura, megabit takwas ne ke yin megabayit ɗaya, kuma a nan ne tallace-tallace ke ruɗar mutane. Wasa mai gigabayit 100 zai ɗauki kusan awa 9 a gudun birni, da awa 22 a gudun karkara, idan wuta ba ta ƙifta ba kuma sabis bai yi tangal-tangal ba. A wancan farashi kuwa kuɗinsa Naira 39,000 ne, fiye da rabin mafi ƙarancin albashi na Naira 70,000 da aka sa wa hannu a Yulin 2024. Gaskiya ne mai sayen data da yawa a lokaci guda yana samun rangwame, amma a tuna a Janairun 2025 Hukumar Sadarwa ta Ƙasa ta amince da ƙarin kashi 50 cikin 100 a kan kuɗin kira da data.

Wannan duk a ranar da abubuwa ke tafiya daidai ke nan. A watan Maris na 2024 wayoyin intanet na ƙarƙashin teku suka yanke a gaɓar Afirka ta Yamma, harkokin bankuna da ofisoshi suka shiga tasku. A Oktoban wannan shekarar yawancin jihohin Arewa suka shafe fiye da mako guda cikin duhu saboda lalacewar manyan layukan wuta. Wanda ya zauna a Tokyo ko Kalifoniya ya tsara na'ura bisa zaton cewa wuta da intanet kamar iska suke, bai sa mu a lissafinsa ba. Rijiya ta ba da ruwa, guga ya hana.

Abin da ya fi damuna ma shi ne tambayar nan: shin me na saya? Faifan PlayStation 2 da aka saya a 2003, idan bai karce ba, yau ma zai tashi, kuma mai shi na iya ba da aro ko ya sayar ko ya bar wa ƙanensa. Amma a ranar 31 ga Maris, 2024, kamfanin Ubisoft na Faransa ya kashe manyan kwamfutocin da ke riƙe da wasan tseren mota na The Crew, wanda ya fitar a 2014, sai wasan ya mutu a hannun duk wanda ya saye shi, har da masu faifai. Wannan ya haifar da gangamin Stop Killing Games, wanda a 2025 ya tara sa hannun fiye da mutum miliyan ɗaya a Tarayyar Turai. Jihar Kalifoniya ta Amurka ma ta yi doka a 2024 da ta tilasta wa masu sayar da kayan intanet su fito fili su gaya wa mai saye cewa izinin amfani yake biya, ba mallaka ba. A gefe guda kuma kamfanonin na ta janye faifan gaba ɗaya: tun 2020 akwai samfurin PlayStation 5 da Xbox Series S marasa wurin zura faifai, haka PlayStation 5 Pro ta fito a Nuwamban 2024, sai dai mai so ya sayi na'urar faifan daban.

Kada mai karatu ya ɗauka maganar ta tsaya a kan wasan yara. Hanyar da wasanni suka bi ita ce manhajojin ofis da na asibiti da na makaranta ke bi: a biya kuɗin wata-wata, a zauna cikin sabuntawa, a dogara da wata kwamfuta da ke can wata ƙasa. Likitan da ke jiran manhajar injinsa ta gama sauka, da malamin jami'ar da ke neman jawo manyan bayanan bincike, da matashin da ke son koyon haɗa irin waɗannan wasanni ya ci abinci da su, duk layin nan mai rarrafe suke kallo. Idan gigabayit 100 na cin kwana uku a gidan ma'aikaci a babban birni, ina ga ɗalibin da ke ƙauye?

Ga iyayen da ke shirin irin wannan sayayya, ga abin da na koya da kuɗina. A duba bayan kwalin faifai, domin akan rubuta girman wurin da wasan ke nema da kuma ko sai da intanet. A jona na'ura da waya kai tsaye maimakon dogaro da wayales, a kuma bar manyan saukewa zuwa dare, lokacin da hanya ta fi sarari. A tanadi inbata ko batirin tsare wuta, domin ɗaukewar wuta a daidai lokacin da na'ura ke rubutu a rumbu na iya ɓata abin da aka tara. A kashe sabuntawar da ke tashi da kanta, in ba haka ba za ta lashe datar gida kowa na barci. Idan wuri ya cika kada a goge wasa, a mayar da shi rumbun waje ta USB. PlayStation 5 ta ba da wannan dama tun Afrilun 2021, ko da yake wasanninta ba sa buguwa daga can sai an dawo da su. Wasu wasannin kuma na ba da zaɓin sauke sashen da ake so kawai. A kuma yi hattara da masu loda wasannin sata a na'urar da aka fasa wa kariya, domin arahar na iya ƙarewa da rufe asusun mutum.

Daga ƙarshe, ina kira ga Hukumar Kula da Gasa da Kare Haƙƙin Masu Saye ta Tarayya da ta duba yiwuwar wajabta wa dillalai su sanar da mai saye, tun kafin ya miƙa kuɗi, ko faifai na ɗauke da cikakken wasa da kuma yawan datar da zai ci. Gwamnonin Arewa kuma su sauƙaƙa kuɗin izinin haƙa hanyar shimfiɗa wayoyin intanet, domin ta nan ne gudu zai ƙaru farashi ya sauko. Yarona dai yana can yana buga wasansa cikin murna, amma jiya ya leƙo ɗakina ya ce, "Abba, wai an saki sabon faci." Na tambaye shi gigabayit nawa ne, da ya faɗa mini, sai na ce ya jira ƙarshen wata.