Sisi, taro da fam: daga ina sunayen kuɗinmu suka fito?

Mai shayi a Isolo zai ce maka yana samun taro da sisi, wanda bashi ya yi wa katutu kuma ya rantse ba shi da ko anini. A cikinsu da wuya a sami wanda ya taɓa riƙe ɗayan waɗannan kuɗaɗe a hannu. An daina kashe su tun kafin a haifi yawancin masu faɗin, amma sunayen sun ƙi tafiya.

Yawancinsu gadon Turawan Ingila ne. A lissafinsu na da, kwabo 12 ne sule ɗaya, sule 20 kuma fam ɗaya. Da shi aka yi ciniki a Najeriya a zamanin Hukumar Kuɗin Afirka ta Yamma da aka kafa a 1912, aka kuma ci gaba da shi bayan Babban Bankin Najeriya ya fara buga nasa kuɗin a 1959. Bahaushe ya ji sunayen a bakin Bature da akawunsa, ya lanƙwasa su yadda harshensa zai ɗauka. Shilling ya zama sule, jam'insa sulalla, kalmar da har yau ake kiran kuɗin ƙarfe da ita. Sixpence, wato kwabo shida, ya zama sisi. Kwabo uku taro ne, kwabo tara nai, rabin taro kuma ahu. Shi kansa kwabo daga copper ya fito, sunan jan ƙarfe a Turanci.

Wanda ke zaune a Legas zai lura Yarabawa ma da sisi da toro da kobo da sile suke amfani. Ba abin mamaki ba ne. Ta bakin teku kuɗin suka shigo, jirgin ƙasa ya kai su Kano, fataken goro da na shanu kuwa suna kai da komowa tsakanin Zangon Agege da Arewa. Mutum biyu da ba sa jin yaren juna sai su daidaita a kan sisi.

Ba duka ne na Bature ba. Kalmar kuɗi kanta jam'in wuri ce, wanda kakanninmu suka yi ciniki da shi kafin zuwan Turawa. Shi ya sa rabin kwabo ya sami suna ɗari, don an ƙiyasta shi da wuri ɗari. Anini shi ne auta, sai ka tara goma su ba ka kwabo, yana da huda a tsakiya ana zura shi a zare. Dala kuwa ta samo asali ne daga tsabar azurfar Turai mai hoton sarauniyar Ostiriya, Mariya Tarisa, wadda fatake suka daɗe suna yawo da ita. A Najeriya ta zama sule biyu, wanda kuma ake kira fataka.

Inda ya kamata a buɗe kunne shi ne wajen fam da jaka, domin su har yau ana ciniki da su. Ranar 1 ga Janairu 1973, a mulkin Janar Yakubu Gowon, aka koma naira da kwabo. Fam ɗaya ya zama naira 2, sule ya zama kwabo 10. Tsofaffin 'yan kasuwa ba su saki lissafinsu ba. Idan dattijo ya ce fam goma, naira 20 yake nufi. Jaka ɗaya fam 100 ce, wato naira 200, kuma Bayarabe ma apo yake cewa, ma'ana jaka. To amma ɗan Nijar da ke sayar da ruwa a kan layinku nasa lissafin daban: dalarsa sefa 5 ce, jakarsa, wato jikka, sefa 1,000. Kafin a ce an sallama, a tambaya jakar wace ƙasa ake magana.

Naira ma ta haifi nata laƙabobin. Takardar naira 20 ta 1977 mai hoton Janar Murtala Muhammed ita ce murtala, wadda kwandastan danfo ke kira muri. Ta naira 50 da ta fito a 1991 ita ce wazobiya, saboda hoton ƙabilun ƙasar da ke jikinta, a titin Legas kuwa an taƙaice ta zuwa wazo.

Su ma masu kuɗin na asali haka suke yi. Ingila ta bar lissafin sule ranar 15 ga Fabrairu 1971, kusan shekara biyu kafin mu. A da talakansu yana kiran sule bob, sisi tanner, fam kuma quid. Na ƙarshen ne ya fi tsawon rai, kowa na faɗinsa har gobe. A bakin 'yan kasuwa da 'yan cacar Landan fam 500 monkey ne, wato biri. Akwai kuma guinea, sule 21, wanda aka fara bugawa a 1663 da zinariyar da aka kwaso daga gaɓar Gini ta Afirka ta Yamma. Tsabar ta daɗe da ɓacewa, amma a gwanjon dawakin sukuwa na Ingila har yanzu da ita ake kiran farashi.