Jirgin Flydubai mai araha: me ya sa ya tsaya a gabashin Afirka?

Duk ɗan kasuwar da ke sayo kaya a Dubai ya taɓa ganin jiragen Flydubai jere a filin jirgin garin, ya kuma ji labarin arahar tikitinsu. Tambayar da ake yawan yi mana a kasuwannin kan iyaka, daga Dan Issa zuwa Birnin Ƙonni, ita ce: yaushe zai zo wajenmu?

Gwamnatin Dubai ce ta kafa kamfanin a 2008, jirginsa na farko ya tashi zuwa Beirut ranar 1 ga Yuni 2009. Tun daga lokacin jirgi iri ɗaya yake amfani da shi, wato Boeing 737. Matuƙa da makanikai abu ɗaya suke koya, kayan gyara ma iri ɗaya ne. Amma babban sirrin arahar yana cikin tsarin lokacin tashi. Jirgin da ke ajiye a ƙasa ba ya kawo ko dala, kamar motar haya ce da ta wuni a tasha. Don haka da ya sauke fasinja sai a share, a zuba mai, ya sake tashi. Daga Dubai zuwa Muskat tafiyar kamar awa ɗaya ce, jirgi guda zai iya zuwa ya dawo sau da yawa a rana. Zuwa Kano ko Yamai kuwa, tafiya ɗaya kusan awa bakwai ce ko fiye, ke nan zuwa da dawowa sun cinye masa yini. Wannan ne ya sa hanyoyinsa na Afirka suka taru a gabas, irin su Addis Ababa, Jibuti, Entebbe da Zanzibar. Khartoum ma tana ciki kafin yaƙin Sudan na 2023.

To, ga inda maganar ta shafi aljihunmu. Akwai masu dabarar yankar tikiti biyu: ɗaya na Ethiopian Airlines daga Yamai, Kano ko Njamena zuwa Addis Ababa, ɗaya kuma na Flydubai daga can zuwa Dubai. A takarda lissafin yana da daɗi. Sai dai tikitin nan biyu babu ruwan ɗaya da ɗaya. In jirgin farko ya makara na biyu ya tashi, babu wanda zai ɗauki nauyin kwananka, wataƙila ma sai ka sayi sabon tikiti. Kayanka kuma kai za ka karɓa ka sake aunawa, abin da kan buƙaci bizar shiga ƙasar.

Sannan batun kilo, wanda shi ne ran fatauci. Tikitin Flydubai mafi araha jakar hannu kawai ya ƙunsa, kilo 7. Duk abin da ya ƙaru, biya ne. Mai dawowa daga kasuwar Deira da ɗaurin wayoyi, turare da atamfa ya san kilo 7 ko tsarabar gida ba ta isa ba.

Akwai abin da muke sa wa ido. A watan Nuwamba 2023 kamfanin ya yi odar manyan jirage 30 ƙirar Boeing 787, masu iya doguwar tafiya. Kafin a ga inda za a tura su, mai shirin tafiya ya tambayi dillalin tikiti abu biyu: tikiti ɗaya ne har Dubai, kuma kilo nawa aka rubuta a jikinsa.