GASASSHIYAR KABEWA DA CUKU DON YARO DAGA WATA 6

Ya ke uwa! Kabewar nan da kike yankawa a miyar taushe abinci ce mai kyau ga ɗanki. Jan cikinta na ɗauke da bitamin A, mai kare ido daga dundumi, mai kuma ƙara wa yaro ƙarfi in ƙyanda ko gudawa ta kama shi. Amma fa ki lura, kabewa zalla kusan duk ruwa ce. Tana cika ciki, ba ta gina jiki. Sai an haɗa ta da ƙwai da cuku da ɗan mai, domin da mai ne jiki ke karɓar bitamin ɗin.

Ki wanke hannu da sabulu. Ki fere kabewa ja wadda ta nuna, ki dafa da ruwa kaɗan har ta yi laushi, ki tsane, ki dama da ludayi. A kofi 1 na kabewa ki fasa ƙwai 1, ki marmasa cukun Fulani mai laushi cokali 2, ki sa manja ko man gyaɗa ƙaramin cokali 1. In babu cuku, awara ta wadatar. Kada ki sa barkono ko dunƙule, gishiri ma ba lalle ba ne.

Ki shafa wa ƙaramar tukunya mai, ki juye, ki rufe, ki ɗora kan garwashi, ki zuba wani garwashin bisa murfi. Bayan kamar minti 20 ki soka tsinke a tsakiya. In ya fito ba danshi, ta gasu. Kada ki yi gaggawar saukewa: ɗanyen ƙwai na kawo gudawa, cukun da aka yi da madarar da ba a tafasa ba kuwa yana iya ɗaukar cuta daga saniya.

Wasu iyaye na cewa ƙwai na sa yaro sata. Ba haka ba ne, ƙwai jiki yake ginawa.

Ki bari ta huce, ki fara da cokali 2 ko 3, sau 2 a rana, kina ƙarawa sannu sannu. In ya tofar yau, gobe ki sake gwadawa. Abin da ya rage kada ya kwana, ki ba yayyensa su cinye. Ki ci gaba da ba shi nono har shekara 2. Jaririn da bai kai wata 6 ba, nono kaɗai, ko ruwa kada a ba shi.

Ranar awo ki zo da katinsa, a ɗiga masa bitamin A duk bayan wata 6 har ya cika shekara 5.